Virginia Apgar da makin minti ɗaya: tambayoyin masu jego da ɗaliban ungozoma

Macen da ta haihu a asibiti, in ta duba katin da aka sallame ta da shi, sau da yawa za ta ga kalmar Apgar da lambobi biyu a gefenta, misali 8 da 9. Masu jego kan tambayi ma'anar lambobin. Ɗaliban makarantar jinya da ta ungozoma kuwa sun haddace su saboda jarrabawa, amma da yawansu ba su san cewa sunan wata likita ba ne. Ga tambayoyin da aka fi maimaitawa, daga kan matar har zuwa kan makin da ta ƙirƙiro.

Wace ce Virginia Apgar?

Likita ce Ba'amurkiya. An haife ta ranar 7 ga Yuni 1909 a garin Westfield na jihar New Jersey, ta rasu ranar 7 ga Agusta 1974 a birnin New York tana da shekara 65. Ainihin fanninta shi ne sa majiyyaci barci da kashe masa zafi lokacin tiyata. Ba ta karanci fannin yara ba, ba ta kuma karanci na mata masu ciki ba, amma ita ce ta fito da hanyar duba lafiyar jariri a minti na farko bayan haihuwa. Ta gabatar da hanyar a taron likitoci a 1952, aka buga ta a mujalla a 1953. Yau daga manyan asibitocin koyarwa har zuwa ƙaramin asibitin ƙauye ana amfani da ita.

Ni dai an koya mini cewa APGAR taƙaitattun haruffa ne. Wanne ne gaskiya?

Duka biyun, sai dai sunan ne ya rigayi haruffan. A 1962, kusan shekara goma bayan fitowar makin, wani likitan yara a birnin Denver mai suna Joseph Butterfield ya nemi hanyar da ɗalibai za su riƙa tuna alamomin biyar. Sai ya jera kalmomin Ingilishi da suka dace da haruffan sunanta: Appearance, Pulse, Grimace, Activity, Respiration, wato launin jiki, bugun zuciya, yatsine fuska, motsi da numfashi. Dabarar ta yi kyau har ta kusa binne sunan mai abin.

Yaya ta taso, me ya ja ta zuwa likitanci?

Ita ce auta cikin 'ya'ya uku. Babban wanta ya rasu yana yaro sanadiyyar tarin fuka, ɗayan kuma ya yi ta fama da rashin lafiya tun ƙuruciya, don haka ta tashi a gidan da likita ba baƙo ba ne. Mahaifinta, Charles Apgar, ma'aikacin kamfanin inshora ne, amma mutum ne mai son harhaɗa na'urori a gida. A 1915, lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya naɗi saƙonnin da wata tashar rediyo ta Jamusawa ke aikawa daga garin Sayville na jihar New York, abin da ya taimaka har gwamnati ta karɓe tashar. Gidan kuma gidan kiɗa ne, a nan ta koyi goge irin na Turawa.

Ta kammala kwalejin Mount Holyoke a 1929, inda ta karanci ilimin dabbobi, ta shiga makarantar likitanci ta Jami'ar Columbia a wannan shekarar, daidai lokacin da tattalin arzikin Amurka ya durƙushe. Ta fito a 1933, ita ce ta huɗu a ajinsu, da bashin karatu a wuyanta.

An ce da farko likitar tiyata ta so zama. Me ya hana?

Ta fara horon tiyata a asibitin Presbyterian na birnin New York, inda Jami'ar Columbia ke horar da likitocinta, kuma ba a taɓa cewa hannunta bai iya ba. Shugaban sashen, Allen Whipple, wanda har yau ake kiran wata babbar tiyatar ciki da sunansa, shi ya ba ta shawarar ta sauya layi. Dalilinsa biyu ne. Matan da ya horar kafin ita sun kasa samun majiyyata, domin mutanen lokacin ba sa yarda mace ta sa musu wuƙa. Sannan ya ga cewa tiyata ba za ta ci gaba ba muddin ba a inganta aikin sa barci ba, aikin da a wancan zamani aka bar wa ma'aikatan jinya.

Ko shawarar alheri ce ko kora da hali, mai karatu ya yanke. Ita dai ta karɓa. A 1937 ta tafi Madison a jihar Wisconsin ta yi wata shida wurin Ralph Waters, wanda ya kafa sashen koyar da wannan fanni a jami'ar can, ta ƙara wata shida wurin Emery Rovenstine a asibitin Bellevue. A 1938 ta koma Columbia a matsayin shugabar ɓangaren sa barci. Shekarun farko kusan ita kaɗai ce ɓangaren, domin matasan likitoci ba sa son fannin: albashi kaɗan, kuma likitocin tiyata ba sa ɗaukarsu a matsayin tsara.

To me ya haɗa likitar sa barci da jarirai?

Wani rashi ne ya kai ta. A 1949 aka ɗaga ɓangaren da ta shafe shekara goma sha ɗaya tana ginawa ya zama cikakken sashe, amma aka ba Emanuel Papper shugabanci, bisa hujjar ya fi ta yawan bincike. Ita kuma aka ba ta cikakkiyar farfesa, mace ta farko da ta kai wannan matsayi a makarantar likitancin Columbia. Da nauyin shugabanci ya sauka daga kanta, sai ta koma asibitin mata na Sloane, ta duƙufa kan sa wa masu naƙuda maganin kashe zafi.

A ɗakin haihuwa, mai sa barci yana tsaye ne wajen kan uwa, kuma aikinsa kullum shi ne sa ido kan numfashi da bugun zuciya. Idon da ta saba duban manya da shi, shi ta juya kan jariri. An ƙiyasta cewa ta halarci haihuwa kusan 17,000 kafin ta bar asibiti.

Kafin ita, ba a duba jariri ne idan an haife shi?

Ana dubawa, amma babu ƙa'ida, kuma babu wanda aka ɗora wa alhakin. Likitan haihuwa hankalinsa na kan uwa: jini, mabiyiya, ɗinki. Jariri kuwa a naɗe shi a miƙa gefe. Wanda ya fito yana tsala kuka ba shi da matsala. Wanda ya fito laƙwas, jiki ya yi shuɗi, ba ya numfashi, sau da yawa sai a ɗauka ba mai rayuwa ba ne, alhali da an share masa hanyar iska an hura masa numfashi da ya tashi. Abin da aka fi rubutawa shi ne lokacin da ya fara numfashi ko kuka, kuma kowane asibiti da irin lissafinsa.

Babban abin da makin ya sauya shi ne wannan. Tunda dole a rubuta lamba a kati, dole wani ya tsaya kan jaririn, ya saurari ƙirjinsa, ya taɓa shi, a cikin minti na farko. Ba sabon magani ta kawo ba, ba kuma na'ura ba. Ta mayar da jariri majiyyaci na biyu a ɗakin, mai nasa haƙƙin kulawa. Ka tuna cewa sunan fannin kula da jarirai sababbin haihuwa ma sai a 1960 aka raɗa shi, a littafin Alexander Schaffer.

Yaya ake ba da makin?

Alamomi biyar ne, kowace ana ba ta 0, ko 1, ko 2, jimla 10. Bugun zuciya shi ne ta ɗauka mafi muhimmanci: in babu, 0, in bai kai 100 a minti ba, 1, in ya kai 100 ko ya wuce, 2. Numfashi: babu, 0, a hankali ko yana tsinkewa, 1, kuka mai ƙarfi, 2. Ƙarfin jiki: laƙwas, 0, ya ɗan tanƙwara hannu da ƙafa, 1, yana wutsil-wutsil, 2. Martani idan an tsokane shi, kamar a sa siririn bututu a hanci ko a ɗan murza tafin ƙafa: shiru, 0, yatsine fuska, 1, kuka, tari ko atishawa, 2. Launi: duk jiki shuɗi ko ya koɗe, 0, gangar jiki ta yi kyau amma tafin hannu da na ƙafa shuɗi, 1, ko'ina ya yi kyau, 2.

Ana yi a minti ɗaya, a sake a minti biyar. Idan na minti biyar bai kai 7 ba, ana maimaitawa kowane minti biyar har zuwa minti 20. Daga 7 zuwa 10 hankali kwance, 4 zuwa 6 akwai ɗan rauni, 0 zuwa 3 kuwa jariri na cikin hali mai tsanani. Kan ma'anar waɗannan lambobi ga ɗanki, duba tambayar mai jego da ke ƙasa.

Gaskiya ne a wurin cin abinci ta rubuta shi?

Haka abokan aikinta suka ba da labari. Wata safiya a ɗakin cin abinci na asibiti, wani ɗalibi ya tambaye ta yadda ake gane lafiyar jariri, sai ta jawo wata 'yar takarda ta jera alamomi biyar, ta tashi ta nufi ɗakin haihuwa don ta gwada. Labarin yana da daɗi, amma kada ya ruɗe ka. Wanda ya jera abu biyar cikin ƙiftawar ido, shekaru ya yi yana kallonsu.

Wace hujja ta kawo har likitoci suka yarda?

Lissafi ta kawo. Rahotonta na 1953 ya ƙunshi jarirai 1,021 da aka haifa a Sloane. Cikin 65 da suka samu maki 0 zuwa 2, kashi 14 cikin ɗari sun rasu. Cikin 182 da suka samu 3 zuwa 7, kashi 1.1 ne. Cikin 774 da suka samu 8 zuwa 10 kuwa, kashi 0.13 kacal. A 1958 ita da abokan aikinta suka fitar da rahoto na biyu kan jarirai 15,348, sakamakon ya tabbata.

Makin minti biyar daga baya ya samu gindin zama. Wani babban bincike na haɗin gwiwar asibitocin Amurka kan jarirai sama da 17,000, wanda aka buga a 1964, ya nuna cewa ya fi na minti ɗaya nuna wanda zai rayu. A 2001 kuma aka sake gwada makin a asibitin Parkland na birnin Dallas kan haihuwa sama da 150,000, aka tarar har yanzu yana aiki.

Me makin ya bankaɗo game da magungunan da ake ba masu naƙuda?

A nan ne ya fara biyan kuɗinsa. Da aka samu ma'auni ɗaya, sai ya yiwu a kwatanta jariran da aka sa wa iyayensu barci gaba ɗaya da waɗanda aka yi wa iyayensu allurar baya mai kashe rabin jiki. Tare da L. Stanley James, likitan yara ɗan ƙasar New Zealand, da Duncan Holaday, likitan sa barci, ta riƙa auna jinin jarirai ta cibiya. Suka gano cewa jaririn da ya samu ƙaramin maki iskar oksijin ta yi ƙasa a jininsa, jinin kuma ya yi tsami.

Sun kuma gano cewa iskar cyclopropane, wadda ake shaƙa wa uwa, tana ratsawa ta danne numfashin jariri. Ita kanta ta daɗe tana amfani da wannan iska kuma tana son ta, amma da lambobi suka nuna illarta, ta daina ba masu naƙuda, ta faɗa a fili. Wannan na cikin dalilan da suka sa aka karkata ga allurar baya wajen tiyatar haihuwa.

Wa ya kamata ya ba da makin?

Ra'ayinta shi ne kada wanda ya karɓi haihuwar ya ba da shi. Gwano ba ya jin warin jikinsa: wanda ya sha wahalar fito da jariri zai so lambar ta yi kyau, ko da bai yi nufin ƙarya ba. Ta fi son ma'aikaciyar jinya ko mai sa barci su yi. A ƙaramin asibitin da ungozoma ɗaya ce ke kan uwa da ɗa, wannan ba ya samuwa, sai dai ta riƙe gaskiya ta kuma dubi agogo. Makin da aka cike bayan awa ɗaya daga tunani, ko 8 da 9 da ake rubuta wa kowane jariri don a cike gurbi, ba shi da wani amfani.

Ɗana ya samu 5 a minti ɗaya, 8 a minti biyar. In damu?

A'a. Lambar farko tana nuna yadda ya jure wahalar fitowa, ta biyu tana nuna yadda ya farfaɗo, kuma tashi daga 5 zuwa 8 alama ce mai kyau. Makin ba jarrabawar ƙwaƙwalwa ba ne. Ba ya faɗin ko yaro zai yi ƙoƙari a makaranta, kuma ƙungiyoyin likitocin yara da na mata a Amurka sun yi gargaɗi kada a yi amfani da shi shi kaɗai a yanke cewa ƙwaƙwalwar jariri ta taɓu.

Abubuwa da yawa na rage maki ba tare da wata illa mai ɗorewa ba. Bakwaini jikinsa ba ya da ƙarfi tun asali, maganin da aka ba uwa kan sa jariri kasala, doguwar naƙuda ma haka. Wanda ake sa wa ido sosai shi ne wanda makinsa ya tsaya a 3 ko ƙasa har minti goma ko fiye. Kuma kada uwa ta ji haushi don ba a ba ɗanta 10 ba. Yawancin lafiyayyun jarirai 8 ko 9 suke samu, saboda tafin hannu da na ƙafa kan ɗauki lokaci kafin su washe.

Yaya ake duba launi a jariri baƙar fata?

Tambaya ce mai tushe, domin bayanin launin da ke cikin littattafai da fatar Turawa aka rubuta shi. Ita kanta Apgar ta ce launi ne mafi rauni cikin alamomin biyar. Ƙwararriyar ungozoma ba ta tsayawa kan fatar ciki ko ta baya. Tana duba leɓe, harshe, dasashi da tafin hannu da na ƙafa. Harshen da ya yi shuɗi ko toka-toka alama ce ta ƙarancin iska a kowane irin jariri. Inda akwai 'yar na'urar auna oksijin da ake maƙalawa a hannu, ta fi ido gaskiya.

Sai an jira minti ɗaya ya cika kafin a taimaki jaririn da ba ya numfashi?

Ko kusa. Wannan kuskure ne mai kisa. Ana fara taimako nan take: a tsane jariri da busasshen zane, a shafa bayansa da ɗan ƙarfi, a ɗumama shi, in har bai yi numfashi ba a sa masa abin hura iska kafin mintin ya cika. Makin yana biyo baya ne don ya nuna ko taimakon ya yi aiki. Kusan jariri ɗaya cikin goma na buƙatar wani taimako kafin ya fara numfashi.

Wannan ya shafi gidajen da ake haihuwa a ɗaki ba a asibiti ba, inda babu kati balle agogon bango. Shirin Helping Babies Breathe, wanda ƙungiyar likitocin yara ta Amurka ta ƙaddamar da abokan hulɗarta a 2010, an tsara shi ne don irin waɗannan wurare, kuma kan minti na farkon nan ya ginu. Riƙe jariri ta ƙafa a juya kansa ƙasa, ko marinsa, ko watsa masa ruwan sanyi, duk ba sa cikin abin da ake koyarwa.

Me ya sa ta bar asibiti tana tsakiyar tashe?

Yawan haihuwar da ta gani ya sa ta riƙa cin karo da jariran da aka haifa da tawaya, ta so ta fahimci lissafin abin. Ta ɗauki hutu ta tafi Jami'ar Johns Hopkins, ta samu digiri na biyu a fannin lafiyar al'umma a 1959. A shekarar ta koma aiki da gidauniyar March of Dimes, wadda Shugaba Roosevelt ya kafa a 1938 don yaƙi da shan inna. Bayan samun rigakafin shan inna a 1955, gidauniyar ta juya ga matsalar tawayar haihuwa, aka ba Apgar wannan sashe.

Ta yi ta yawo tana magana da iyaye, a lokacin da ake ɓoye irin waɗannan yara a gida saboda kunya. Annobar ƙyandar Jamus ta 1964 zuwa 1965 ta kama mutum kusan miliyan 12.5 a Amurka, aka haifi jarirai wajen 20,000 da kurumta, makanta ko ciwon zuciya, sai ta zama cikin masu kiran a yi wa kowa rigakafi da ya fito a 1969. Ta kuma yi ta jan hankali kan gwajin jinin mai ciki, saboda rashin jituwar jinin uwa da na ɗa. Ta koyar da ilimin tawayar haihuwa a Jami'ar Cornell, kuma a 1972 ta fitar da littafi don iyaye tare da 'yar jarida Joan Beck, mai suna Is My Baby All Right?

Wace irin mutum ce a wajen aiki?

Mai sauri ce a magana, a tafiya, har a tuƙi. Ba ta taɓa aure ba, kuma an rawaito tana zolayar cewa ba ta samu namijin da ya iya girki ba ne. A jakarta kullum akwai 'yar wuƙa da bututun numfashi, don ko a titi wani ya shaƙe ta iya buɗe masa hanya. Tana kamun kifi, tana tara kan sarki, kuma bayan ta haura hamsin ta fara koyon tuƙin jirgin sama.

Wata majiyyaciyarta, Carleen Hutchins, ta koya mata sassaƙa goge, har ta ƙera guda huɗu da hannunta. Akwai ranar da su biyun suka hango wani katako mai kyau a ɗakin wayar tarho na asibiti, suka dawo da dare suka cire shi suka maye gurbinsa da wani. Sabon ya yi tsawo, Hutchins ta shiga banɗaki tana yankewa da zarto, Farfesa Apgar na tsaye a ƙofa cikin farar riga tana gadi. Katakon ya zama bayan ɗaya daga cikin gogenta.

Yaya ta rasu, kuma wace karramawa aka yi mata?

Ciwon hanta ne ajalinta. Ta rasu a asibitin Columbia-Presbyterian, inda ta yi horo ta kuma yi aiki, ba tare da ta yi ritaya ba, aka binne ta a garinsu Westfield. A 1995 aka sa sunanta a zauren tunawa da fitattun matan Amurka, a 2018 kuma Google ya sa hotonta a shafinsa na farko ranar zagayowar haihuwarta.

Kan sarki mai ɗauke da fuskarta, na santi 20, ya fito a watan Oktoba 1994, kuma Joseph Butterfield ɗin nan da ya mayar da sunanta haruffa shi ya yi ta fafutuka har aka buga shi. An ƙaddamar da shi a taron likitocin yara a Dallas, inda likitoci huɗu suka hau dandamali suka kaɗa gogen da ta sassaƙa da hannunta.